Raya Kufai: Sharhi a kan Aikin Wiliyamsbag da Zancen Alƙalawa

Maƙasudin wannan takarda shi ne a auna wata dabara ta adana tarihi wadda ta yi ƙarfi a Turai da Amurka. Dabarar kuwa ita ce a ɗauki tsohon gari a komar da shi ga kamannin da ya ke da su a wani zamani da ya shuɗe, a zuba masa mutane sanye da tufafin wancan zamani suna yin sana'o'insa, domin baƙo ya shiga ya ga jiya da idonsa. Wannan shi a ke kira gidan tarihi mai rai. An fara irinsa a Skansen, cikin ƙasar Suwidin, a 1891, amma wanda ya fi kowane suna shi ne Wiliyamsbag, wani gari na zamanin mulkin Ingilishi a jihar Bajiniya ta Amurka. Da shi zan yi awo. Sa'an nan in komo gida, ƙasar Gobir ta gabashin Sakkwato, inda kufan Alƙalawa ya ke kwance kusa da Gulbin Rima, ga kuma garuruwan da ke raye a wannan ƙasa, su Sabon Birni da Isa da Gangara.

Dalilin da ya sa na ɗauko zancen, malamin da ke koyar da tarihi a makarantar horon malamai ba ya rasa ɗalibin da zai tambaye shi, me ya hana mu sake gina birnin Bawa Jan Gwarzo kamar yadda waɗansu suka sake gina nasu? Tambaya ce mai kyau, ba ta cancanci a kore ta da cewa babu kuɗi ba. Ko da kuɗin sun samu, akwai abin da ya kamata a fara sani. Hausawa sun ce gani ya kori ji. Wannan magana ita ce ƙarfin gidan tarihi mai rai, ita ce kuma haɗarinsa, gama in magini ya yi kuskure, ko ya yi son zuciya, abin da yaro ya gani a tsaye zai kori abin da ya ji daga bakin malaminsa, ko da na malamin ne gaskiya. Duk wanda zai raya kufai tilas ya yanke hukunci biyu: wace shekara zai tsai da garin a kanta, garin wa kuma zai ce shi ne. Abin da na ke so in nuna shi ne yadda waɗannan hukunce-hukunce suka ba Amurkawa wuya, da dalilin da ya sa za su fi ba mu wuya a Alƙalawa.

Yadda Aka Raya Wiliyamsbag

Wiliyamsbag ta zama mazaunin Gwamnan Bajiniya cikin 1699, ta riƙe wannan matsayi shekara 81. Cikin 1780, ana tsakiyar yaƙin da Amurkawa suka yi don su fita daga hannun Ingila, aka ɗauke gwamnati aka kai Richmond. Daga nan garin ya kwanta, ciniki ya ja baya. Talaucin nan kuwa shi ya tsare masa tsofaffin gidajensa, don babu mai halin rushe su ya gina sababbi. Cikin 1926 wani limamin coci da a ke kira Gudwin ya shawo kan attajirin nan Rokafela ƙarami, aka shiga sayen gidajen garin ɗaya bayan ɗaya a asirce. Mutanen gari ba su san wanda ke biyan kuɗin ba sai cikin 1928.

Ya wajaba a fara da yabo inda yabo ya cancanta. Masu aikin ba su yi gini da ka ba. Gidan Gwamna ya ƙone tun 1781, ba abin da ya rage a kan ƙasa. Da za su sake gina shi, sai suka haƙa suka sami harsashinsa, suka nemo zanen ɗakunansa wanda Jefferson ya yi da hannunsa sa'ad da ya ke shirin gyara gidan, suka kuma sami wani farantin tagulla mai ɗauke da surar manyan gine-ginen garin a ɗakin karatu na Bodleian a Oksfod cikin 1929. Da waɗannan shaidu uku aka tashi ginin, aka buɗe shi a 1934. Cikin filin da aka keɓe, wanda ya kai eka 301, akwai gine-gine 89 na ainihi waɗanda aka gyara, ban da ɗaruruwan da aka sake ginawa a kan tsohon harsashi. An kuma farfaɗo da sana'o'in da suka kusa ɓacewa, ƙira da sassaƙa da ɗab'i da ɗinkin takalma, ana koyonsu wurin gwani shekara da shekaru kamar yadda ɗan maƙeri ke koyo a gindin uwar maƙera. Wannan ba ƙaramin aiki ba ne, masana tarihi kuma sun amfana da shi ƙwarai.

Inda Aikin Ya Yi Rauni

Rauni na farko yana wajen zaɓen shekara. Gidan majalisar Bajiniya sau biyu aka gina shi a wuri guda. Na farko an gama shi cikin 1705, ya ƙone a 1747. Na biyu shi ne wanda Patrick Henry ya tsaya a cikinsa a 1765 ya yi suka ga harajin da Ingila ta aza, a cikinsa kuma wakilan Bajiniya suka yanke shawarar neman 'yanci a 1776. To, amma da aka zo sake gini, na farkon aka gina, don shi ya fi shaidar takarda, ya kuma fi kyaun gani. Saboda haka baƙo ya kan tsaya a ɗaki ana ba shi labarin abin da aka yi a wurin, alhali kuwa ɗakin da aka kwaikwaya ya riga ya zama toka shekara 18 kafin a yi abin.

Rauni na biyu, don a fito da gari na ƙarni na 18 sai da aka share garin da ke raye. Gine-gine fiye da 700 aka rushe ko aka ɗauke, laifinsu kawai an gina su bayan zamanin da a ke so. A cikinsu har da wani coci na baƙar fata, wanda bayi da 'yantattu suka kafa jama'arsa tun 1776, ginin kuwa na 1856 ne. Aka saye shi aka rushe cikin 1956, wurin ya koma ma'ajiyar motoci. A haƙar da aka fara a wurin cikin 2020 aka sami tsohon harsashi da kaburburan mutanen cocin ƙarƙashin kwalta.

Rauni na uku ya fi duka nauyi. A zamanin da a ke kwaikwayo, kimanin rabin mutanen Wiliyamsbag baƙar fata ne, mafi yawansu bayi. Su suka ɗebo ruwa, suka ƙona tubali, suka dafa abincin da aka ci a gidan Gwamna. Duk da haka sai da aka yi kusan shekara 50 ana zagawa da baƙi kafin a fara ba da labarinsu sosai, cikin 1979. Da aka gwada nuna yadda a ke gwanjon bayi a 1994, sai gardama ta tashi, waɗansu suka ce gaskiya ce da ta daɗe a ɓoye, waɗansu suka ce an mai da baƙin cikin kakanninsu abin kallo. Malaman nan biyu, Handler da Gable, waɗanda suka buga littafi a kan wurin cikin 1997, sun nuna cewa ko bayan gyaran nan, tun da baƙo da kuɗinsa ya ke shiga, kullum ana sassauta masa abin da zai ɓata masa rai.

In aka duba raunin nan uku sai a ga tushensu ɗaya ne. Abin da ya bar takarda shi a ke sake ginawa. Gidan Gwamna yana da zane da farantin tagulla, bukkar bawa ba ta da ko ɗaya. Saboda haka mai raya kufai, ko da niyyarsa ta yi kyau, shaidar da ke hannunsa za ta ja shi wajen masu mulki. Shi ya sa masana gine-ginen tarihi da suka taru a Banis cikin 1964 suka ƙulla cewa gyara ya tsaya daidai inda shaida ta ƙare, kada a ci gaba da zato.

Abin da Aka Gwada a Ƙasarmu

Kafin mu isa Gobir, ya kamata mu dubi abin da ya auku ga makamantan wannan a kusa da mu. Garin da ya fi kama da Wiliyamsbag a Arewa shi ne Dungurum, wanda Turawa ke kira Zungeru. Gwamna Lugga ya mai da shi mazauninsa cikin 1902, ya zauna babban birnin Arewa har 1916, sa'ad da aka yi ƙaura zuwa Kaduna. A nan aka haifi Dokta Azikiwe a 1904. Bayan ƙaura aka bar gine-ginen ga gara da damina, 'yar gadar ƙarfe ta Lugga ma aka kwance ta aka kai Kaduna cikin 1954. Da za a ce yau a raya Dungurum, ba shakka da gidan Gwamna da ofisoshi za a fara, don su ke da hoto da taswira a ma'ajiyar takardu. Unguwar akawuna da kuku da leburorin reluwe, da Gwarawan da aka tarar a ƙasar, sai dai a yi musu zato ko a yi shiru. Ramin da Amurkawa suka faɗa yana nan yana jiranmu.

Gwaji na biyu yana Jos, inda aka buɗe gidan kayan tarihi a 1952. Wani masanin gini mutumin Polan, Dmochowski, ya yi shekaru yana auna gine-ginen gargajiya na Nijeriya, daga baya aka keɓe fili kusa da gidan tarihin aka kwaikwayi waɗansu daga cikinsu da girmansu: wani yanki na ganuwar Kano, da wani sashe na gidan Sarkin Katsina, da masallacin Juma'a na Zariya wanda Babban Gwani ya gina a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wajen 1830 da 'yan kai. Aikin yana da amfani, balle ma da ya ke masallacin na ainihi an lulluɓe abin da ya rage daga cikinsa da ginin siminti. Amma masallacin Jos ba shi da liman, ba shi da jam'i, ganuwar kuma ba ta tsare kowa. Ginin ƙasa kuwa ba ya haƙuri da rashin mai shi. In ba a duba indararo kafin ruwan fari ba, ba a sake yaɓe da makuba a kan kari ba, damina kaɗan sun isa su tsaga soro har azara ta fito. Ginin da babu mai kwana cikinsa sai ya jira kasafin gwamnati, ruwan sama kuwa ba ya jiran kasafi.

A gwada wannan da babban masallacin Jenne a ƙasar Mali. Ginin da ke tsaye yanzu na 1907 ne, na zamanin Faransawa ke nan, amma kowace shekara mutanen gari su kan fito kwansu da kwarkwatarsu su sake yaɓe shi, don a cikinsa su ke salla. Haka kuma hubbarorin waliyyai na Tambutu da aka rushe a 2012, maginan garin ne suka sake tashinsu cikin 2015, bisa sanin da suka gada. Abin da ya tsare waɗannan wurare shi ne akwai jama'ar da ke da dalilin kwaɓa ƙasa a kansu, akwai kuma maginin da ya san yadda ubansa ya yi.

Alƙalawa: Wace Shekara, Garin Wa?

To, yanzu mu ɗora wa Alƙalawa tambayoyin nan biyu. Gobirawa sun gangaro daga Azbin, suka zauna a wurare da dama, har suka shigo ƙasar Zamfara da izinin sarkinta. Sunan Alƙalawa kansa yana tuna wannan, gama riwaya ta ce wurin gonar Alƙalin Zamfara ce. A tsakiyar ƙarni na 18 Sarkin Gobir Babari ya juya wa masu masaukinsa, ya ci Birnin Zamfara, Alƙalawa ta zama babban birnin Gobir. A nan Bawa Jan Gwarzo ya yi sarauta, shi ne wanda ya sadu da Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a Magami wajen 1788 ya amsa masa roƙe-roƙensa. Bayansa Yakuba da Nafata da Yunfa suka yi. Shehu ya yi hijira daga Ɗegel zuwa Gudu a farkon 1804, aka yi Tabkin Kwatto a wannan shekara, a ƙarshenta kuma jama'ar Shehu suka sha mummunar kashi a Tsuntsuwa, kusa da birnin. Cikin Oktoba 1808 Muhammadu Bello da sauran sarakunan yaƙi suka shiga Alƙalawa, aka kashe Yunfa. Watau ƙarfin birnin bai wuce kimanin shekara 50 ba.

Wace shekara za a zaɓa cikin waɗannan? In aka tsai da birnin a zamanin Babari, Bazamfare zai ce an yi wa cin amana ado. In aka tsai da shi a zamanin Bawa, tilas a nuna fadar Inna, 'yar sarkin da ke shugabancin mata da masu bori, wadda ba a cika sarautar Gobir sai da ita. Wa zai yarda a buga garaya a hau bori don 'yan makaranta su gani, wa kuma zai ce an nuna Alƙalawa in aka cire ta? In aka tsai da shi a 1808, wa zai sa rigar Yunfa? Shehu da Bello kuwa, babu Musulmin ƙasar nan da zai lamunta a ce wani ɗan wasa ya fito da kamanninsu. Ga kuma zancen bayi. Gobir ta mallaki bayi, daular da ta gaje ta ma ta mallaka, ba a hana bauta ɗungum a Arewa ba sai 1936. Jikokin iyayengiji da jikokin bayi suna zaune a unguwa guda, suna aurayya. Abin da ya tada gardama a Bajiniya a 1994 ya fi wannan nisa da masu kallo.

Shaidar ma da za a yi gini a kanta ba ta da yawa, kuma ta karkata gefe guda. Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello da Tazyinul Waraƙati na Abdullahi ɗan Fodiyo su ne manyan madogara a kan yaƙin, Raudatul Afkari na Abdulƙadir ɗan Tafa kuma a kan jerin sarakuna. Littattafai ne masu daraja, amma waɗanda suka ci birnin suka rubuta su, ba su kuma rubuta don su siffanta zaure ko kasuwa ba. Bakin Gobirawa yana cikin riwayoyin fada, waɗanda Landeroin ya rubuta waɗansu daga cikinsu a farkon ƙarni na 20, da irin waɗanda A. R. Augi ya tattara cikin kundinsa na 1984 a Jami'ar Ahmadu Bello. Babu farantin tagulla, babu zanen ɗakuna. Wanda ya ce zai tashi fadar Bawa, fadar wani sarki na yau zai kwaikwaya ya laƙaba mata sunan Bawa.

Tambaya ta biyu ta fi tsauri, don magadan Alƙalawa suna nan da ransu, ba su kuma a ƙasa guda. Bayan 1808 Gobirawa ba su ajiye makami ba. Clapperton ya ga rundunar Bello tana yaƙin garinsu na Konya a 1826. Sarkin Gobir Ali ya faɗi a Gawakuke cikin 1836 tare da Rauda na Maraɗi, bayan nan Mayaƙi ya kafa Tsibiri. Da aka wuce tsakiyar ƙarnin, Ɗan Halima ya ɓata da 'yan'uwansa na Tsibiri, ya komo kwarin Rima da yardar Sakkwato ya gina Sabon Birni. Isa kuwa ribaɗi ne na Sakkwato, Barth ya bi ta sansaninsa a 1853 kafin ya shiga dajin Gundumi. Saboda haka sunan Sarkin Gobir ya zauna a gidaje da dama: a Tsibiri da ƙasar Sabon Birni yana hannun Gobirawa, a Isa yana hannun zuriyar Bello, a Gwadabawa yana hannun zuriyar Atiku. Kowane gida cikin waɗannan yana da abin da ya ke nufi in ya ce Alƙalawa. Kufai a kwance yana ɗaukar dukan ma'anonin nan. Gini a tsaye ɗaya kaɗai zai iya ɗauka.

Garuruwan Iyaka a Zamanin Turawa

Akwai wani zamani da ya fi kusa da mu, shaidarsa ta fi yawa, mun kuwa fi sakaci da shi. Sakkwato ta faɗa hannun Ingilishi cikin Maris 1903. Ingila da Faransa sun yi ta jan layi a kan taswira, a 1898 da 1904 da 1906, sa'an nan Tilho da O'Shee suka bi ƙasa tsakanin 1906 da 1908 suka kafa turaku 148 daga Kwara zuwa Tafkin Cadi. Layin nan ya raba Gobir biyu: Tsibiri ta faɗa wa Faransa, Sabon Birni ta faɗa wa Ingila. Sabon Birni da Isa suka zama gundumomi ƙarƙashin En'e ta Sakkwato, hakimi yana tara haraji da jangali, Di'o yana zuwa rangadi. Da reluwe ta isa Ƙauran Namoda a 1929, gyaɗa da auduga na wannan yanki suka sami hanyar fita. A wannan zamani ne Ibrahim Narambaɗa na Tubali ya yi wa Sarkin Gobir na Isa Amadu waƙa, waƙoƙinsa kuwa shaida ne a kan yadda sarauta ta ke ganin kanta a ƙarƙashin Turawa.

In ana neman garin zamanin Turawa a ƙasar Gobir, ga su nan, ba su bukatar a zuba musu 'yan wasa. Wanda ya shiga gari kamar Gangara bayan kaka zai ga ana gyaran ruhewa kafin a zuba hatsi, zai ga maƙeri da majemi da mai saƙar tabarma suna aiki don akwai mai saye, zai ji dattijon da ya biya haraji ga En'e da hannunsa, ya kuma san hanyar da mutane su kan bi su tsallake iyaka in aikin tilas ya tsananta a wancan gefe. Abin da Rokafela ya kashe dukiya don ya kwaikwaya, a nan yana gudana kyauta. Amma yana raguwa. Bulo da kwano sun kori tubali da azara, 'ya'yan magina sun koma wata sana'a, ba kuwa mai ikon ya ce wa talaka ya zauna cikin ɗakin da ke yoyo don masana su ji daɗi.

Abin da Ya Kamata a Yi

Ra'ayina shi ne kada a tashi ko bango ɗaya a Alƙalawa. A auna kufan, a yi taswirar abin da ya rage na ganuwa da tuddai, a shata masa iyaka da yardar masu gonakin da ke kewaye, a ba masu ilmin haƙar ƙasa dama su yi aikinsu a hankali. Hukumar gidajen tarihi ta ƙasa, wadda aka kafa a 1979, tana da ikon wannan, ga kuma misalin Surame ta Kanta, wadda aka sa cikin jerin wuraren da Nijeriya ke nema wa shaidar UNESCO a 2007 ba tare da an sake gina ta ba. Duk bayanin da za a rubuta a wurin ya ɗauki bakin Sakkwato da na Tsibiri da na Zamfara, kowane da sunan mai shi.

Kuɗin gyara kuwa a kai su ga gine-ginen da a ke amfani da su: zauren hakimi, tsohon masallaci, tsohon ajin elementare, kotun alƙali in tana nan. A ba maginan gari aikin, da sharaɗin kowane ya riƙe almajiri. Ta haka sana'ar za ta sami dalilin zama, kamar yadda ta samu a Jenne.

Akwai kuma aikin da ya rataya a wuyan masu karatun wannan takarda. Kowane malamin horon malamai yana da ɗalibai daga waɗannan garuruwa. A aike su gida da hutu su rubuta abin da ya rage na zamanin En'e a garinsu, su ɗauki maganar tsofaffi, maza da mata, 'ya'yan sarauta da talakawa da zuriyar bayi in sun yarda, a ajiye kwafi a jami'a da Ma'ajiyar Tarihi ta Waziri Junaidu a Sakkwato. Wannan shi ne maganin cutar da muka gani a Wiliyamsbag, watau a samar wa bukka takarda tun mai bukkar yana da rai.

Ba zan rufe ba sai na faɗi abin da duk mutumin yankin ya sani. Tun wajen 2019 'yan bindiga suka addabi gabashin Sakkwato. Cikin Mayu 2020 an kashe mutum fiye da 70 a rana guda a ƙauyukan Sabon Birni, Gangara ma tana cikin garuruwan da suka sha hari. Dubban mutane sun tsallake layin Tilho zuwa jihar Maraɗi, wajen dangin da iyaka ta raba su da su. A 2024 aka sace Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, ya rasu a hannun waɗanda suka sace shi. A irin wannan hali zancen gina birni don baƙi su zo kallo ba shi da wurin zama. Abin tsoro shi ne garuruwan da ke raye su zama sababbin kufai, labarinsu kuma ya watse tare da mutanensu. Saboda haka aikin ɗaukar magana shi ne na gaggawa, a yi shi a gida in hanya ta yi kyau, a bi mutane inda suka yi gudun hijira in ba ta yi ba. Kufan Alƙalawa ya yi shekara fiye da 200 a kwance, zai iya ƙara goma kafin masu awo su iso. Dattijon da ya ga Di'o a kan doki ba shi da wannan goman.